Yadda Ake Noman Guzberi a Bokiti a Legas

Asarar farko da na yi a kan guzberi ta faru ne tun kafin in san cewa sunan nan ba na itace ɗaya ba ne. Na ga hoto a waya, 'ya'ya kore shar masu jijiyoyi a jiki kamar ƙananan kankana, na tura kuɗi ga wani mai sayar da shuke-shuke, aka kawo mini dashe biyu har Agege. Na ba su ruwa, na ba su taki, na yi ta jan bokitin daga inuwa zuwa rana. Wata biyar ko fure ɗaya ban gani ba, sai ganye da ke ƙonewa ta gefe. Da na gaji na ɗauki ɗaya na kai wa wani dattijo Bahaushe da ke sayar da fulawa a bakin titi. Ya juya reshen, ya taɓa ƙayar, ya ce, "Ɗana, wannan ɗan ƙasar ƙanƙara ne. Ko Sarkin Noma ka ba, ba zai haihu a Legas ba." Na ce, "To Baba, yaya ke nan?" Ya ce in nemi mai riga.

Gaskiya ya faɗa. Guzberin Turai, wanda masana ke kira Ribes uva-crispa, sai ya kwana cikin sanyin hunturu na ɗaruruwan awoyi ƙasa da digiri 7, ya zubar da ganye ya yi barci, sannan ya farka ya yi fure. A Ingila sun ɗauke shi da daraja, har akwai wani ƙauye a Yokshiya, Egton Bridge, inda tun 1800 ake gasar wanda guzberinsa ya fi nauyi. Legas kuwa ko a tsakiyar hunturu da wuya dare ya sauka ƙasa da digiri 20. Saboda haka ka manta da shi. Akwai kuma guzberin Indiya da ake kira amla, da wani mai tsami ƙwarai mai siffar tauraro, duka biyun suna son zafi, amma bishiyoyi ne sosai, bokiti ba zai riƙe su da daɗewa ba.

Wanda za ka noma shi ne mai rigar, Physalis peruviana, wanda ɗansa ke lulluɓe cikin kwanso kamar riga. Asalinsa tsaunukan Andis ne a Kudancin Amurka, wajen Peru da Kolombiya, kuma har gobe Kolombiya na kan gaba wajen fitar da shi kasuwannin duniya, suna kiransa uchuva. Turawa sun laƙaba masa sunan guzberin Kef domin an noma shi a yankin Kef na Afirka ta Kudu tun farkon ƙarni na 19. Ɗan'uwan tumatir ne da barkono da gauta, ba shi da dangantaka da na Turai sai suna. Idan ka taso a Arewa ka ma san ƙaninsa: matsarmama, wadda Yarabawa ke ce wa koropo, wadda muna yara muke tsinko kumburarren kwansonta mu buga a goshi ya yi ɗas. Bambancin shi ne ganyen matsarmama santsi ne kuma 'ya'yanta ƙanana, shi kuwa wannan ganyensa da gashi-gashi mai laushi, faɗinsa kamar zuciya, ɗansa kuma ya fi na matsarmama girma, ruwan goro mai haske, zaƙi da ɗan tsami. Ka riƙe wannan bambanci, domin matsarmama na fitowa da kanta a bokiti ta yaudari mutum.

Lokacin shuka

Shi ɗan tudu ne, ya fi son wuri mai sanyi-sanyi irin Jos ko Mambila. A Legas yana rayuwa kuma yana haihuwa, amma idan zafi ya zarce digiri 30 ya daɗe a haka, furen kan kakkaɓe ya bar ka da ganye. Dabarar ita ce ka lissafa kwanaki ta yadda furensa zai faɗo a watanni masu sauƙin zafi. Daga iri zuwa fure kimanin wata uku ne, daga fure zuwa nuna kimanin wata biyu. Idan ka yafa iri a ƙarshen Afrilu ko farkon Mayu, fure zai zo a Yuli da Agusta, lokacin da gari ke lumshe kuma ruwa kan ɗan ɗauke ƙafa, ka ci a Oktoba. Ko kuma ka yafa a Satumba, fure ya zo da hunturun Disamba. Abin da ba na so shi ne fure ya haɗu da Fabrairu da Maris, watannin da ko mutum ma neman inuwa yake. Ni na fi son shukar Mayu, ko da yake ita ce ke bi ta cikin ruwan Yuni, wanda zan zo kansa.

Iri da reno

Hanya mafi sauƙi ita ce ka sami ɗan da ya nuna wanda ba a busar ba, ko daga wanda ke nomawa ko idan ka ci karo da shi a manyan kantuna. Ɗa guda na ɗauke da ƙwayoyi fiye da ɗari, ƙanana kamar na tumatir amma sun fi su ƙanƙanta. Matse shi a kofi, zuba ruwa kaɗan, ka bar shi kwana ɗaya ko biyu har santsin ya saki. Ƙwayoyin kirki za su nutse, na banza su taso. Tsiyaye, ka baza masu kyau a kan takarda a inuwa su bushe. Idan irin fakiti ka saya, duba sunan Physalis peruviana a jiki, kada ka dogara da hoto. Ni dai hoto ya riga ya koya mini hankali.

Kada ka shuka kai tsaye a babban bokiti. Nemi robar man shafawa ko kwalbar ruwa da aka yanke, huda gindin, cika da ƙasa mai laushi da aka tankaɗe. Jiƙa ƙasar tukuna. Ɗora ƙwaya uku ko huɗu a kowace roba, ka barbaɗa ƙasa sama-sama, kaurin da bai wuce rabin santimita ba. Idan ka binne su da zurfi ba za su fito ba. Ajiye a wuri mai haske wanda ruwan sama ba ya dukansa, domin ɗigon ruwan kwano guda ɗaya ya isa ya tono su. Wajen ba su ruwa, huda murfin kwalba da allura ka riƙa fesawa. Tsakanin sati ɗaya zuwa uku za ka ga tsiro. Ba su cika fitowa tare ba, don haka kada ka zubar da robar da ta yi jinkiri.

Da sun yi ganye huɗu, zaɓi mafi ƙarfi a kowace roba, ka yanke sauran da almakashi. Yankewa na ce, ba tugewa ba, don tugewa na girgiza saiwar wanda ka bari. Bayan sati shida zuwa takwas, tsayinsa ya kai taƙi guda, wato santimita 15 zuwa 20, ya isa dashe.

Bokiti da ƙasa

Nan ne aikin yake, kuma nan ne mafi yawan mutane ke faɗuwa. Mu da muka zo daga Arewa mun saba da tsoron ƙishirwa: shuka ta yi yaushi, a kawo ruwa. A Legas abin ya juya. Ruwan da ke sauka a nan a shekara ya kusa ninka na Kano, iska kuma jiƙe take, ƙasa ba ta saurin bushewa. Guzberi kuma ba abin da ya tsana irin saiwarsa ta kwana cikin ruwa. Kwana biyu a jiƙe jagab sun isa su ruɓar da ita.

Bokitin fenti mai lita 20 shi ne daidai, tushe ɗaya a bokiti ɗaya. Jarka mai lita 25 da aka yanke samanta ma ta yi, in dai ba ta taɓa ɗaukar fetur ko gas ba. Wanke shi sosai har fentin ya fita. Fari ya fi baƙi, don baƙar roba na shan rana ta dafa saiwa; idan baƙi kawai ka samu, naɗe shi da tsohon buhu. Ɗauki ƙusa babba, gasa ta a wuta, ka huda gindin wuri takwas zuwa goma. Sannan ka ƙara huda huɗu ko biyar a gefe, kamar yatsa biyu daga ƙasa. Waɗannan na gefen su ne masu ceto ranar da na gindin suka toshe da laka. Ɗora bokitin a kan bulo biyu ko guntayen katako, kada ya zauna a kan siminti, kuma kada ka sa faranti a ƙarƙashinsa. Farantin zai tara ruwa, ya kashe maka shuka, ya kuma tara wa gidan sauro, maƙwabta su sami abin faɗa.

Haɗin ƙasar da nake yi ke nan: kwano biyu na baƙar ƙasa, kwano ɗaya na ruɓaɓɓen taki, kwano ɗaya na abin da zai sa ƙasar ta saki jiki, wato yashi mai tsakuwa ko buntun shinkafa da aka babbaka ko zaren ɓawon kwakwa da aka daddatsa. Ɓawon kwakwa ba ya wuya a garin da ke da Badagry, sai dai a jiƙa shi kwana biyu a zubar da ruwan kafin a yi amfani da shi. Ina ƙara ɗan dakakken gawayi cikin tafin hannu biyu. Game da yashi, yi hattara: wanda ake haƙowa daga bakin teku ko lagun yakan zo da gishiri. Wanke shi sau biyu ko uku.

Taki kuma ba sai ka saya da tsada ba. Duk wanda ya san hanyar mayankar Oko-Oba ya san inda kashin shanu da na tumaki yake. Sharaɗin ɗaya ne, ya zama ya ruɓe ya huce. Ka damƙa a hannu: idan baƙi ne, yana marmashewa, yana ƙamshin ƙasa, ya yi. Idan yana da ɗumi ko yana wari, tara shi a gefe ka rufe ya yi wata biyu. Ɗanyen kashin kaji kuwa wuta ne, zai ƙone dashen cikin kwana uku.

Kada ka ɗebo ƙasa daga inda aka taɓa noma tumatir, barkono ko gauta. Abin da ya ci Doma ba ya barin Awai: tsutsar nan da ido ba ya gani, mai sa saiwa ta yi ƙulli-ƙulli, da cutar da ke sa shuka ta yi yaushi farat ɗaya ta mutu, duk suna zaune a irin wannan ƙasa suna jira. Idan kana shakkar ƙasar da ka samu, jiƙa ta, zuba a farar leda, ɗaure baki, ka shanya a rana mai ƙarfi na sati uku ko huɗu. Zafin zai rage su ƙwarai.

Gwajin ƙarshe kafin dashe: cika bokitin, ka bar yatsa uku daga baki, ka zuba ruwa kofi biyar. Idan cikin minti ɗaya ka ga yana ɗiga ta gindi, haɗin ya yi. Idan ya tsaya a sama yana kallonka, juye ka ƙara yashi.

Dashe da mazauni

Yi dashe da yamma, bayan la'asar. Jiƙa ƙaramar robar tukuna, kifa ta a tafin hannu, dashen ya fito da ƙasarsa a dunƙule. Binne shi ɗan zurfi kaɗan fiye da yadda yake a da, danna ƙasar a hankali, ba shi ruwa har ya ɗiga. A ranar nan ka kafa sandar gora mai tsayin mita ɗaya da rabi a gefen bokitin. Idan ka bari sai ya girma, sandar za ta tsaga saiwa. Kwana uku na farko ya zauna a inuwa.

Daga nan sai ka nema masa wurin da rana ke bugawa daga fitowarta zuwa wajen ƙarfe goma sha biyu ko ɗaya, sannan inuwa ta rufe shi. Baranda mai kallon gabas ita ce gwal. Awa biyar ko shida na ranar safe sun wadatar. Jikin bango mai kallon yamma, ko saman dakali inda siminti ke tururi da azahar, ko kusa da inda janareta ke fesa hayaƙi, duk ba wurinsa ba ne. Amfanin bokiti ke nan a kan gona, shuka ce mai ƙafa. A Yuni da farkon Yuli, idan sama ta ɓalle kwana da kwanaki, ja shi ƙarƙashin rumfa, ba daidai inda indararo ke zuba ba. Ruwa ya ɗauke, ka mayar. Idan gidan haya kake, gaya wa mai gida da sauran 'yan haya tun da wuri, musamman masu yara, saboda dalilin da zan faɗa a wajen girbi.

Ruwa da abinci

Ba a ba shi ruwa da agogo. Tura yatsa cikin ƙasar zuwa gaɓa ta biyu. Idan ka ji danshi, bar shi. Idan ka ji bushewa, zuba a gindi sannu a hankali har ya fara ɗiga, da safe, ba tare da jiƙa ganye ba. Da damina kana iya yin sati ba ka ɗauki buta ba. Da hunturu kuwa kusan kullum ne. Wani abu da ke ruɗar sabon shiga: da tsakar rana ganyen kan lanƙwashe ko da ƙasar na da ruwa, sai da yamma ya miƙe. Wannan zafi ne, ba ƙishirwa ba. Yaushin da ya kwana har safiya alhali ƙasa na jiƙe shi ne abin tsoro, alamar saiwa ta fara ruɓa ce. Masu zama wajen Lekki da Ajah, inda ruwan burtsatse kan zo da gishiri-gishiri, su tari ruwan sama a duro domin shukar. Rufe saman ƙasar da busasshiyar ciyawa ko zaren kwakwa, ka bar ɗan fili kewaye da kara.

Wajen taki, riƙe hannunka. Wannan shuka ce da ke haihuwa ko a ƙasa marar ƙarfi, kuma idan ka cika ta da abinci sai a garin neman ƙiba a samo rama: ganye manya-manya kore shar, 'ya'ya babu. Uriya kada ta kusance shi. Sati uku bayan dashe, ba shi takin kamfa 15-15-15 cikin murfin kwalbar lemo guda, a barbaɗa a gefen bokiti nesa da kara, a rufe da ƙasa, a zuba ruwa. Maimaita duk bayan sati huɗu. Da fure ya fara, ina barbaɗa tokar itace cokali ɗaya a wata, saboda sinadarin fotash da ke cikinta na taimakon 'ya'ya.

Gyaran reshe da fure

Karan zai miƙe tilo, sannan ya rabu biyu kamar gwafa, kuma a tsakiyar gwafar nan furen farko ke fitowa. Duk wani reshe da ya tsiro ƙasa da gwafar, tsinke shi da farce tun yana ƙarami. Sama da gwafar ka bar manyan rassa uku ko huɗu, ka ɗaure su a sanda da tsumma, sako-sako, don rassan na da saurin karyewa idan iskar hadari ta taso. Idan tsakiya ta cunkushe, rage ganye iska ta ratsa. A danshin Legas cunkoso shi ke kawo fumfuna.

Furen ɗan ƙarami ne, rawaya, mai ɗigo biyar masu duhu a ciki, yana sunkuyar da kai ƙasa, ɗaya a kowace gaɓa. Yana iya yi wa kansa barbara, amma a bene na biyu ko na uku inda zuma ba ta cika zuwa ba, ka riƙa ɗan girgiza sandar da hantsi. Bayan kwanaki furen zai faɗi, sai ka ga koren kwanso ya kumbura kamar 'yar fitila. Ɗan yana ciki yana girma. Idan furanni na zuba ba kwanso, duba abu uku bi da bi: zafin wurin, yawan taki, da ko ƙasar na bushewa ƙayau sannan a cika ta da ruwa. Wannan na ƙarshen shi ne kuma ke sa 'ya'ya su tsage.

Ƙwari

Duk safiya ka juya ganye biyu ko uku ka duba bayansu. Farin ƙuda, wanda ke tashi kamar ƙura idan ka taɓa reshe, da darɓa mai sa ganye ya yi danƙo, su ne baƙin kullum. Da hunturu kuma akwai wasu 'yan mitsi-mitsi ja masu saƙa kamar gizo-gizo, suna sa ganye ya yi ɗigo-ɗigo ya koɗe. Maganinsu ɗaya a wurina: 'ya'yan dogon yaro cikin tafin hannu, a daka, a jiƙa a lita ɗaya na ruwa ya kwana, a tace, a sa ɗan sabulu kamar ƙwayar gyaɗa, a fesa bayan ganye da yamma duk sati har su ragu. Gwada a reshe ɗaya tukuna. Katantanwa kuma da dare take zuwa, da tocila ake kama ta. Ɓeran Legas ba ya buƙatar gabatarwa. Shi nunannun da suka faɗo yake jira.

Tushen da ya yi yaushi gaba ɗaya ya ƙi farfaɗowa, tuge shi, ka zubar da shi da ƙasarsa, ka wanke bokitin da ruwan bilic kafin ka sake amfani da shi.

Girbi

Kada ka yi gaggawa, kuma wannan ba maganar ɗanɗano kaɗai ba ce. Ɗanyen ɗan da ganyen da kwanson suna ɗauke da guba irin ta dangin tumatir da dankalin Turawa, tana iya murɗa ciki ta sa amai da zawo. Kore ba a ci. Ka ja wa yara kunne, ko ka ɗaga bokitin inda hannunsu ba ya kai, don kwanson nan yana jan yaro kamar balan-balan.

Alamar nuna a rigar take. Za ta tashi daga kore ta koma ruwan ƙasa-ƙasa kamar busasshen kara, ta zama kamar takarda, har kana hango ɗan ta cikinta. Yawanci da kansa yake faɗowa, ko ya biyo hannunka da ka ɗan taɓa. Shimfiɗa tsohon gidan sauro kewaye da gindin ya tare su, ka kwashe safe da yamma kafin ɓera ya riga ka. Yage rigar: idan ɗan ya zama ruwan goro ko'ina, ya yi. Idan da saura kore, mayar da rigar ka ajiye shi a faifai kwana uku ko huɗu. Jikinsa na da ɗan maiƙo mai danƙo, a wanke kafin a ci. A cikin rigarsa, a wuri busasshe mai iska, yana yin makonni bai lalace ba. Da ka tuɓe shi sai firij da 'yan kwanaki. Yana da bitamin C da sinadarin da jiki ke mayarwa bitamin A. A gidana ba ya kai wa ga tukunya, amma ranar da ya yi yawa an taɓa markaɗa shi cikin zoɓo, kuma ya karɓa.

Ba lokaci guda yake nuna ba, kullum 'yan ƙwayoyi ne, na tsawon wata biyu ko uku. Idan ka ga haihuwar ta ja baya, rassa sun yi tsawo sun tsufa, datse su ka bar kamar taƙi biyu daga ƙasa, kwashe ƙasar sama yatsa uku ka maye da sabon taki, ka mayar da bokitin inuwa har zafin Maris ya wuce. Yakan sake tohowa, ko da yake haihuwa ta biyu ba ta kai ta farko. Daga rassan da ka datse, zaɓi masu lafiya, yanka tsayin santimita 20, cire ganyen ƙasa, ka soka a jiƙaƙƙen yashi a inuwa. Cikin sati biyu zuwa uku za su yi saiwa, kuma sun fi na iri saurin fure. Biyu daga cikin nawa na kai wa Baba mai fulawa. Ya karɓa, ya duba bayan ganyen tukuna, sannan ya ce in ajiye su can kusa da randa inda rana ba ta kaiwa da azahar.